Ina so in cire ƙwan tsakiyar ɗaki in rataya fanka a gurbinsa, a ba ni shawara

Abban_Sadiq:
Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Zafin bana ya sa na daure na sayi fankar sama mai inci 56 don ɗakin yara. Matsalar ita ce tun farko ba a yi wa ɗakin wurin fanka ba, ƙwai ɗaya ne tal a tsakiyar silin. Tunanina in cire ƙwan da holdarsa, in rataya fankar a wurin, in haɗa ta da wayoyin da ke kawo wa ƙwan wuta. Silin ɗin na roba ne, PVC, kuma gidan haya nake. Mai wayarin da na kira ya ce sai an shiga cikin rufi an sa katako da ƙugiya, kuɗin da ya faɗa ya kusa rabin kuɗin fankar. Da gaske aikin ya kai haka, ko zan iya yi da kaina ranar Asabar? Ina da testa da filaya da sukundireba.

Dan_Kurna:
Wa'alaikumus salam. Malam ka biya mutumin nan ya yi maka aikinsa. Ɗakin yara fa ka ce.

Sani_Wayarin:
Wa'alaikumus salam Abban Sadiq. Sana'ata ke nan, kuma abin da abokin aikina ya gaya maka gaskiya ne. Haɗa waya shi ne ƙaramin aiki a ciki. Babban aikin shi ne abin da zai riƙe fankar.

Ƙwai da holdarsa ba su da wani nauyi, sukuru biyu a jikin roba sun ishe su. Fanka mai inci 56 kuwa tana kai kilo 5 zuwa 8, kuma ba a tsaye take ba, in an ƙure ta tana juyawa wajen sau 300 a minti ɗaya. Wannan 'yar girgizar da ido ba ya gani ita ke cin abin da aka rataye ta a jiki, dare da rana, har ya saki. PVC ba ya ɗaukar komai, shi kansa manne yake a jikin ƙananan katakai tu-bai-tu. POP ma haka yake, silin na kwali ma haka. Fanka sai a jikin abin da ke ɗauke da rufin kansa, babban katako ko ƙarfe ko kankaren dekin.

Ka leƙa ta ƙofar silin da tocila ka gaya mana me ke saman ƙwan nan. Ka kuma auna mana daga daɓe zuwa silin ƙafa nawa ne.

Isyaku_Mai_Shago:
Ni ban ga abin tsoro a nan ba. Duk fankokin gidana ni na ɗaura su. Jira kake a ɗauke wuta, ka hau tebur, ja da ja, baƙi da baƙi, ka naɗe da salatif, an gama. Mu da wuta ke yini ba ta zo ba ai lokacin aiki ba ya mana wuya.

Sani_Wayarin:
Malam Isyaku don Allah ka janye wannan maganar, akwai waɗanda za su karanta su aikata. An ɗauke wuta daban, an kashe wuta daban. Wanda ya ɗauke ba zai kira ka ya ce ga shi zai maido ba, kuma a daidai lokacin wayar tana hannunka tsirara, kana tsaye a kan tebur. Wutarmu bolt 230 ce. Ko jan wutar bai kashe mutum ba, faɗowar da zai yi ta ishe shi.

A je inda wuta ke shigowa gida a kashe babban makunni ko bireka, in katawut ne a zare fiyus ɗin a sa a aljihu. A kashe janareta. In akwai inbata a kashe ta ita ma, domin yawancin gidaje layin fitilu da fankoki shi ake fara ɗorawa a kan inbata, wato layin da za ka taɓa ɗin. A gaya wa mutanen gida kada kowa ya taɓa canji-oba. Bayan duk wannan sai a gwada wayar da testa.

Injiniya_Mubarak:
Ƙari a kan maganar Malam Sani: testa ma sai an gwada ta. Kafin ka kashe wutar ka soka ta a soket ka ga ta kama. Testar nan mai ɗan ƙwai a ciki in kana kan tsanin katako busasshe, ko rana na haska ɗakin, haskenta kan yi rauni har ka ɗauka babu wuta. Wanda ke da mitar awo ya fi kwanciyar hankali. Kuma kashe makunnin bango kaɗai ba komai ba ne. Na sha buɗe makunni in tarar an sa shi a kan nitiral, wato wayar da wuta ke komawa ta cikinta, ƙwai ya mutu amma layif, wayar da ke kawo wutar, na nan da ransa a cikin holda.

Isyaku_Mai_Shago:
To ai ni shekara da shekaru ina yi, ban taɓa ganin komai ba.

Maman_Ilham:
Malam Isyaku, Allah ne ya tsare ka, ba hanyar ce mai kyau ba. Ni ba maganar wuta zan yi ba, maganar ratayewa ce, don na gani da idona. Maƙwabciyata a gidan da muka taɓa haya, da asuba ta tashi yaranta su yi alwala, suna tsakar gida muka ji ƙara kamar an jefar da tukunya. Muka shiga muka tarar fanka a kan katifa, fiffike ɗaya ya lanƙwashe, waya na reto daga sama. Da na ɗaga ƙugiyar sai ga ƙusoshi biyu a jikinta cur, ko lanƙwasa ba su yi ba, zarewa kawai suka yi daga katako. Garin katakon kuwa ya zubo a kan zanin gado, gara ta gama cinye cikinsa. Wurin da ta faɗo nan ƙaramin yake kwana. Tun ranar ba na shiga gidan haya in kunna fanka sai an hau an duba mini ƙugiyarta.

Dan_Kurna:
Innalillahi. Allah Ya ƙara tsarewa Hajiya.

Kafinta_Lawal:
Abin da Hajiya ta gani shi muke fama da shi kullum. Ƙusar da aka buga daga ƙasa zuwa sama, nauyi ta hanyar da ta shiga yake jan ta. Kamar turke ne, in ana girgiza shi kullum ba sai an haƙa ba, da kansa zai fito.

Ga yadda nake yi. Zan samu tu-bai-fo mai lafiya, busasshe, in gicciya shi a kan manyan katakai biyu na rufi. A kansu ake ɗora shi, ba a ƙarƙashinsu ba, yadda ko ƙusar ta saki katakon na zaune. Sai in huda tsakiyarsa da diril, ƙugiya mai zare ta ratsa ta fito ta sama, a sa wosha mai faɗi da noti biyu, na biyun ya danne na farko. In ba a samu irin wannan ƙugiyar ba, mai walda zai lanƙwasa rodi mai mili 10 ko 12 ya haye katakon ya sauko. PVC ɗin 'yar ƙofa kawai za a yi masa inda ƙugiyar za ta leƙo, kofin fanka na sama zai rufe wurin.

Kafin komai ina soka sukundireba a jikin katakan da zan ɗora a kai. In ta shige da sauƙi ko gari ya zubo, gara ce, ba a ɗora komai a nan. Sabon katakon ma a shafe shi da maganin gara. Wanda zai shiga rufi kuma ya shiga da sassafe, don in rana ta ɗaga ƙarƙashin kwano ba wurin zama ba ne, jiri na iya ɗibar mutum. Ƙafa a kan babban katako kawai, in ka taka silin za ka tsinci kanka a tsakar ɗaki.

Hajiya_Bilki:
Ku yi haƙuri in shigo da tawa. Namu gidan dekin ne, an yi POP a ƙasansa, kuma falon babu ƙugiya. Mai POP ya ce zai ɗaure fankar a jikin wayoyin da suka riƙe POP ɗin, wai suna da ƙarfi. Hankalina bai kwanta ba.

Injiniya_Mubarak:
Hajiya kada ki yarda. Waɗannan wayoyin an sa su ne don nauyin POP kaɗai. A yanka POP ɗin kaɗan, a huda kankaren, a kafa ƙugiya mai faranti da notin ƙarfe irin wanda ke buɗewa a cikin kankare in an ɗaure shi. Ban da fulogin roba irin na rataye hoto a bango. Tsawon ƙugiyar ya kai ta sauko ƙasan POP. Mai hudawa ya lura, bututun waya na bi ta cikin dekin zuwa wurin fitila, kada ya huda daf da akwatin ba tare da ya gane ta ina bututun ya bi ba. Masu gini da ke karanta mu, a riƙa sa rodin fanka tun ranar zuba dekin, a ɗaure shi da rodin cikin kankare, ya fi komai sauƙi da ƙarfi.

Dan_Maradi:
Salamu alaikum 'yan'uwa. Ina so in ja hankali kan maganar ja da ja, baƙi da baƙi. A nan wajenmu Nijar shuɗiyar waya ita ce nitiral, mai kuran, wato layif, kuma ja ce ko ruwan ƙasa, ta ƙasa kore da rawaya. Kaya kuma suna ƙetare iyaka kullum, mutum zai sayi fanka a Kano ya kawo Maraɗi. Kada wanda ya karanta nan ya dogara da launi. Yawancin ɗakunanmu ƙarfen IPN, doguwar azarar ƙarfe mai kauri, ke ɗauke da rufi, mai walda ke manna ƙugiya a jikinsa, shi ya sa faɗowar fanka ba ta cika damunmu ba.

Sani_Wayarin:
Gaskiyarka Ɗan Maraɗi. Ko a nan Najeriya duka biyun suna yawo. Tsohon tsarin Ingila shi ne ja, baƙi, kore. Sabon kuma ruwan ƙasa, shuɗi, kore da rawaya. Akwai kuma gidan da mai wayarin ya ƙarasa aiki da duk launin da ya rage masa a buhu. Launi alama ce kawai, gwaji shi ke tabbatarwa.

Ummu_Haidar:
Tambayata a kan regileta ce. Akwai abin rage hasken fitila a ɗakina, mai murɗawa. In na sa fanka zan iya barin shi ya zama regileta?

Injiniya_Mubarak:
A'a Malama. Na fitila daban, na fanka daban, ko da sun yi kama a ido. In aka sa wa fanka na fitila za ki ji tana gurnani, injinta na ɗaukar zafi, koyil na iya ƙonewa. Ki yi amfani da regiletar da ta zo a kwalin fankar, ko ki sayi ta fanka mai lamba ɗaya zuwa biyar. Haɗin kuma a jere yake: layif ya shiga makunni, ya fita ya shiga regileta, ya fita ya tafi fanka. Nitiral kai tsaye yake tafiya fanka, ba ya bi ta makunni.

Baba_Mai_Ritaya:
Tsofaffin regiletocin nan manya masu ramuka a jiki, waɗanda muka taso da su, in ka rage gudu sai ka ji akwatin ya yi ɗumi. Wutar da ka hana fanka a nan take ƙonewa. Ƙananan na yanzu masu kafasito ba sa haka. Amma fankokin da, Allah Ya jiƙan maza, akwai wadda na saya ina sabon ma'aikaci har yau tana juyawa, boris kawai na taɓa canja mata.

Alhaji_Tanko_Gidaje:
Ni a matsayina na mai ba da haya zan yi magana. Abban Sadiq, ka sanar da mai gidanka kafin a huda masa silin. Yawancinmu ba ma hanawa, ƙugiya ƙarin daraja ce ga ɗaki. Abin da ke kawo rigima shi ne ranar tashi, mutum ya kwance fankarsa ya bar rami da waya tsirara. Ku yi magana tun yanzu: ƙugiya da katako su zauna, fanka taka ce, in za ka tashi ka mayar da holda. Wani mai gidan ma zai yarda a cire kuɗin katakon daga haya.

Nura_Sola:
Da ka tambaya kafin ka saya da na ce ka ƙara kuɗi ka ɗauki fankar DC, irin ta zamani mai cin wuta kaɗan. Ta gargajiya tana cin wajen wat 75, a awa 10 ka ci kashi uku cikin huɗu na yunit ɗaya. Ta DC wajen wat 30 take ci, ƙasa da rabi ke nan. Ga mai batir wannan bambancin shi ne tsakanin fanka ta kai asuba da ta mutu ƙarfe biyun dare.

Dan_Kurna:
Oga Nura mutumin ya riga ya saya. Kuma ta DC in allon lantarkin da ke cikinta ya lalace ba kowane mai gyara ke iya ta ba. Ta gargajiya kuwa kafasito ne ko boris ko a sake naɗa koyil, a kowace unguwa akwai mai yi.

Nura_Sola:
Ban musa ba. Amma wanda ke da inbata mai arha ya san gurnanin da fankar gargajiya ke yi a kanta. Kowa dai da abin da ya fi damunsa.

Abban_Sadiq:
Na gode ƙwarai jama'a, ban zaci zan samu amsa haka ba. Na yi magana da mai gida kamar yadda Alhaji Tanko ya ce, ya amince. Yau da safe na leƙa rufin. Malam Sani, daidai saman ƙwan tu-bai-tu ne kawai, manyan katakan suna gefe da gefe, tazararsu ta kai ƙafa huɗu. Daga daɓe zuwa silin ƙafa 9 ne, ɗakin kuma ƙafa 10 ne a 12. Na zare fiyus na buɗe holdar don in gani, sai na tarar ba waya biyu ba ce kamar yadda na zata. Shida ne, ja uku baƙi uku, wasu an murɗe su tare. Ban taɓa komai ba, na mayar na rufe. Wannan kuma mene ne?

Sani_Wayarin:
Madalla da ka rufe. Wannan wurin mahaɗa ce. Ja da baƙi na farko su suka kawo wuta, na biyu suna wucewa da ita ɗaki na gaba, na uku sun gangara makunnin bango sun dawo. Jajayen ukun da aka murɗe tare kullum da wuta a jikinsu, ko makunni a kashe yake. A cikin baƙaƙen kuma biyu ne nitiral, na ukun shi ne wanda ya dawo daga makunni, sunansa baƙi amma layif yake ɗauke da shi in an kunna. Wanda ya bi dokar ja da ja, baƙi da baƙi a nan, da ya danna makunni ya haɗa layif da nitiral kai tsaye. In an yi sa'a bireka ta faɗi, in fiyus ne da aka ɗaure da waya mai kauri kuwa, wayar cikin rufi ce za ta yi zafi.

Fanka za ta karɓi wayoyin nan biyu da ke shiga holdar yanzu, sauran a bar su yadda suke. Kafin a kwance a ɗauki hoto, a naɗa wa wanda ya dawo daga makunni jan salatif. Kuma a sa kwanekta mai sukuru, kada a murɗe da hannu a naɗe da salatif, zafin rufi na sa salatif ya saki. Kaurin wayar ba matsala ba ne, layin fitila mili 1.5 ne yawanci, fanka ko rabin amfiya ba ta ja.

Shawarata a nan ka bar wa mai wayarin wannan ɓangaren. Ka tsaya a kansa ka ga yadda yake yi.

Injiniya_Mubarak:
Tsayin ya yi. Ƙa'ida ita ce fukafukai kada su gaza ƙafa 7 daga ƙasa, wato mita 2.1. Da silin mai ƙafa 9 da gajeren bututun da ke zuwa a kwali za ka samu wajen ƙafa 8. Gefe ma ya yi, daga bakin fiffike zuwa bango mafi kusa za a samu fiye da ƙafa biyu da rabi, abin da ake nema ƙafa ɗaya da rabi ne. Amma wane irin gado ne a ɗakin?

Abban_Sadiq:
Mai hawa biyu ne Injiniya. Yaran uku ne, babban ke kwana a sama.

Anti_Nas:
To a tsaya nan. Ni ma'aikaciyar jinya ce, kuma raunin fanka da na fi gani ba na faɗowa ba ne. Yaro ne ya miƙe a gadon sama, ko babba ya ɗaga jariri yana masa wasa, ƙarfen fiffike ya same shi a goshi ko a kai. Fukafukan nan na ƙarfe ne masu kaifin baki. Gadon sama ya kai ƙafa 5, yaro ya zauna a kai kansa ya kusa inda fanka ke juyawa, balle ya miƙe tsaye ko ya ɗaga hannu yana gyara gidan sauro. A ɗaki mai faɗin ƙafa 10 gadon ba shi da inda zai matsa ya kuɓuta. Ni dai da ɗana ne, fankar bango mai raga zan sa, wannan a kai ta falo.

Tunda ana maganar wuta kuma: in ta kama mutum kada a taɓa shi da hannu. A kashe daga babban makunni, in ya yi nisa a ture shi da busasshen katako. In ba ya numfashi a fara danna masa ƙirji, a nemi abin hawa. Ko ya tashi ya ce lafiyarsa ƙalau a kai shi asibiti, wuta na iya taɓa bugun zuciya ba a gani a waje ba.

Isyaku_Mai_Shago:
Fankar bango ba ta kai ta sama iska ba, wanda ke nesa da ita gumi zai kwana yi. A raba gadon biyu kawai, yawancinsu ana kwance su.

Maman_Ilham:
A nan kam na yarda da Malam Isyaku. A sauke gadon, ko a shimfiɗa katifu a ƙasa lokacin bazara. Amma a yi shi kafin a kunna fankar, kada a ce sai gobe.

Ummu_Haidar:
Wani abin da ba a taɓo ba: in an cire ƙwan, da me yaran za su yi karatu da dare? Ɗakin fa ƙwai ɗaya gare shi.

Sani_Wayarin:
Tambaya mai kyau. Tunda akwai jar wayar da kullum da wuta a jikinta a mahaɗar, mai wayarin zai iya jan sabon layi zuwa bango ya sa ƙwai da makunninsa daban. A sa shi a bango ƙasa da fukafukai. In ƙwai na sama fanka na juyawa a ƙarƙashinsa, hasken zai riƙa walƙiya a kan littafi, yana sa ciwon kai. Kada kuma a ɗora ƙwan a bayan regileta.

Baba_Mai_Ritaya:
Gidana tsohon gini ne, silin ɗin irin farin allon nan ne na asbestos. Jikana na so ya huda ya ƙara mini fanka a ɗakin baƙi. Akwai matsala?

Anti_Nas:
Akwai Baba. In yana zaune lafiya ba a taɓa shi ba, ba ya cutarwa sosai. Hudawa da yankawa su ke tayar da ƙurarsa, ita kuma in ta shiga huhu ba ta fita, ciwon sai bayan shekaru masu yawa yake bayyana. Kada a sa masa diril ko zarto. In ya zama dole, a jiƙa allon a cire shi ɗungurungum ba tare da an fasa ba, a sa wani iri a gurbinsa, a goge wurin da jiƙaƙƙen tsumma maimakon shara.

Dan_Kurna:
Maganar wayar ƙasa fa? Fankata waya biyu kawai gare ta, kuma gidanmu ban ga koriyar waya a silin ba.

Injiniya_Mubarak:
A ƙa'ida duk abin da jikinsa ƙarfe ne a haɗa shi da wayar ƙasa, don in koyil ya taɓa jiki bireka ta faɗi. In akwai koriyar a silin, a ɗaure ta a jikin bututun fankar. In babu, kada a yi dabarar haɗa jikin fanka da nitiral, wannan ya fi rashin ta haɗari. Hukumar NEMSA, mai sa ido kan ingancin aikin lantarki a Najeriya, na ba masu wayarin takardar shaidar ƙwarewa, wanda zai yi babban aiki ya nemi mai ita.

Isyaku_Mai_Shago:
Injiniya wa zai taɓa jikin fanka tana can sama? Kuma a unguwarmu ban taɓa ganin mai wayarin da ya nuna wa wani takarda ba.

Maman_Ilham:
Mu muke taɓawa Malam Isyaku. Bayan hunturu wa ke hawa kujera da jiƙaƙƙen tsumma yana goge ƙurar fukafukai?

Abban_Sadiq:
Jama'a an yi aikin jiya. Kafinta ya gicciya tu-bai-fo yadda Malam Lawal ya kwatanta, ƙugiya ta ratsa da noti biyu. Mai wayarin ya haɗa da kwanekta, ya sa mana ƙwai a bango. Na lura ya sa robar nan zagayayya a kan ƙugiya, ya zura notin bututu, ya soka ɗan siririn fil a ƙarshensa ya buɗe ƙafafunsa. Ya ce yawancin mutane jefar da fil ɗin suke yi, alhali shi ke hana noti kwancewa. Gadon mun raba shi biyu. Abu ɗaya ya rage: a lamba ɗaya zuwa uku lafiya lau, amma in an ƙure ta tana ɗan rawa. Ya ce za ta daina da kanta. Haka ne?

Kafinta_Lawal:
Ba ta dainawa da kanta. Kashe ta, ka kama bututun ka girgiza a hankali. In ƙugiyar ce ke motsi a cikin katako, a koma rufi a ƙara ɗaure noti. In ƙugiya na nan daram, matsalar ta fukafukai ce.

Sani_Wayarin:
Ka kashe daga babban makunni, ka bi sukurorin fukafukan ɗaya bayan ɗaya ka ƙara ɗaure su, ka duba ko an sa woshar kowanne. Sannan ka tsaya wuri ɗaya da abin awo, ka auna daga bakin fiffike zuwa silin, ka juyo na biyu wurin ka auna, haka na uku. Wanda ya bambanta shi ne ya lanƙwashe, wataƙila a hanya. In haka ne ka mayar wa mai shago ya canja maka saitin ukun gaba ɗaya, don a masana'anta ake daidaita nauyinsu tare. Kada ka karɓi guda ɗaya daga wani kwalin. Kafin nan a bar ta a lamba uku.

Anti_Nas:
Alhamdu lillahi da aka sauke gadon. Sai dai ni har yanzu da ta bango aka sa musu da na fi samun natsuwa, yara na tsalle a kan katifa da sanda a hannu.

Nura_Sola:
Ta bango mai raga ma yara na zura yatsa Anti.

Hajiya_Bilki:
Injiniya Mubarak, an yanka POP ɗin yau, sai ga shi tsakaninsa da dekin ya kai ƙafa biyu. Mai aikin ya ce ƙugiyar kasuwa ba za ta kai ba, zai haɗa biyu da walda. In bar shi, ko in sa a lanƙwaso doguwa guda ɗaya?